Kujera Ɗaya, Mutum Biyar: Mazaɓa ta 13 ta Majalisar Dattawan Jihar Ilinoi Daga 1967 Zuwa 2023

 

Galibin masu nazarin siyasar Amurka a cikinmu, idan sun ɗaga ido, birnin Washington suke dubawa, da fadar shugaban ƙasa, da majalisun tarayya guda biyu, alhali kuwa mafi yawan dokokin da ke taɓa talaka a kwanciyarsa da tashinsa, kamar hukuncin wanda aka kama da laifi, da sharuɗɗan beli, da kuɗin makarantu, da ladabin 'yan sanda, a majalisun jihohi ake ƙulla su. Saboda haka na ga ya dace in kawo wa wannan majalisi na ilmi labarin mazaɓa guda ɗaya tak, wato mazaɓa ta 13 ta majalisar dattawan jihar Ilinoi, wadda ke kudancin birnin Shikago a gaɓar tafkin Mishigan, domin mu bi diddigin yadda kujerarta ta riƙa fita daga wannan hannu tana shiga wancan cikin shekara hamsin da 'yan kai. Mas'alar da nake son a yi wa nazari ita ce, a wannan mazaɓa da ta fitar da shugaban ƙasa, da babban lauyan jiha, da dokoki masu nauyi, da wuya ƙwarai a nuna ranar da jama'a suka tsaya tsakanin 'yan takara biyu masu ƙarfi suka zaɓi sabon wakili da kansu. An riga an yanke musu shawarar a wani wuri, ko dai wajen shata iyaka, ko wajen naɗi, ko wajen tantance takardu.

Kafin mu shiga labarin mutane, wajibi ne mu san ginin da suke zaune a ciki. Tsarin mulkin jihar na 1970 ya raba ta mazaɓu 59, kowace da ɗan majalisar dattawa ɗaya, kuma tun daga zaɓen 1982 kowace mazaɓar dattawa ta ƙunshi mazaɓun wakilai biyu, wato kujeru 118 ke nan a majalisar wakilai. Mazaɓa ta 13 ita ce ta ƙunshi ta 25 da ta 26. Jihar tana da mutum kusan miliyan 12.8 bisa ƙidayar 2020, don haka kowane ɗan majalisar dattawa yana wakiltar mutum wajen 217,000. Wa'adinsu kuma an tsara shi da wata hikima, domin a cikin kowace shekara goma da ke tsakanin ƙidaya da ƙidaya kowace kujera tana da wa'adi uku, biyu na shekara huɗu, ɗaya na shekara biyu, ta yadda idan an zana sabuwar taswira dukan kujerun za su faɗo zaɓe a lokaci guda.

Wannan daidaito na adadi bai samu da sauƙi ba. Tun daga rabon mazaɓu na 1901 'yan majalisar jihar suka ƙi sake taɓa taswira har 1955, duk da tsarin mulkinsu na wancan zamani ya umarce su da yin haka bayan kowace ƙidaya, kuma dalilin ƙin ba ɓoyayye ba ne: Shikago tana ta cika tana batsewa, ƙauyukan kudancin jihar suna nan yadda suke, kuma wakilan karkara ba su ga abin da zai sa su miƙa wa birni rinjaye da hannunsu ba. A 1950 ƙaramar hukumar Cook, inda Shikago take, tana da fiye da rabin mutanen jihar, amma mazaɓu 19 kaɗai take da su cikin 51. Sai da kotun ƙolin Amurka ta shiga maganar, da hukuncinta na 1962 a shari'ar Baker da Carr, wanda ya buɗe wa kotuna ƙofar sauraron irin wannan ƙara, da kuma na 1964 a shari'ar Reynolds da Sims, wanda ya wajabta cewa dukan majalisun jiha biyu a raba kujerunsu gwargwadon yawan jama'a, sannan ƙuri'ar mutumin birni ta yi nauyi ɗaya da ta mutumin ƙauye. A wannan shekara ta 1964 ma, da yake an kasa daidaitawa kan taswirar majalisar wakilai, sai aka mai da jihar gaba ɗaya mazaɓa guda, aka miƙa wa kowane mai zaɓe doguwar takarda mai sunaye 236 domin ya zaɓi mutum 177 daga ciki, abin da har yau ake ba da labarinsa ana dariya.

A cikin wannan yanayi ne Richard Newhouse, lauya baƙar fata wanda ya yi karatun shari'a a Jami'ar Shikago, ya ci zaɓe a 1966, ya hau kujera a 1967. A lokacin lambar mazaɓarsa 24 ce, sai bayan taswirar da ta biyo ƙidayar 1980 ta koma 13, wanda ke nuna mana tun da wuri cewa lamba laƙabi ce kawai da ake ɗora wa yanki, kuma mai binciken da ya bi lamba ya manta da ƙasa zai haɗa tarihin mutanen da ba su taɓa zama maƙwabta ba. Zuciyar wannan yanki ita ce unguwar Hyde Park, inda jami'ar take, tare da Kenwood da Woodlawn da South Shore. Baƙaƙen fata da suka yi hijira daga jihohin kudu tun daga yaƙin duniya na farko, suna gudun wariya suna neman aiki a masana'antu da mahauta, an daɗe ana tsare su cikin wani siririn yanki na kudancin birnin. Da shingen ya fara karyewa sai suka bazu, har unguwa kamar South Shore, wadda a 1960 kusan dukan mazaunanta farare ne, ta zama ta baƙaƙe cikin shekaru kaɗan. Hyde Park kuwa ta zauna a gauraye, da malaman jami'a, da Yahudawa, da baƙaƙe masu ilmi da sana'a, kuma ta yi suna wajen ƙin bin umarnin magajin gari Richard J. Daley, wanda ya riƙe birnin daga 1955 har rasuwarsa a 1976 ta hanyar raba ayyukan gwamnati ga waɗanda ke kawo masa ƙuri'u. Kansilan unguwar, Leon Despres, ya yi shekara ashirin, daga 1955 zuwa 1975, sau da yawa shi kaɗai yake ɗaga murya a majalisar birni. Newhouse ɗan wannan makaranta ne, har ya kai ga tsaya wa Daley kansa takarar magajin gari a zaɓen fid da gwani na 1975, ya sha kaye, amma ya share hanyar da Harold Washington, shi ma mazaunin Hyde Park, ya bi ya zama baƙar fata na farko da ya mulki birnin a 1983. Daga wannan yanki kuma, a zaɓen 1978, mata biyu suka shiga majalisar wakilan jihar tare: Barbara Flynn Currie, wadda ta yi shekara arba'in a can, da Carol Moseley Braun, wadda a 1993 ta zama mace baƙar fata ta farko a majalisar dattawan tarayya.

Newhouse ya yi shekara 24 a kan kujera, ya sauka a 1991 wa'adinsa bai ƙare ba, kuma a nan ne muka fara cin karo da ƙofar da mafi yawan magadansa suka shigo ta cikinta. Tsarin mulkin jihar bai tanadi zaɓen cike gurbi nan take ba idan kujerar ɗan majalisa ta faɗi. Abin da ya ce shi ne a naɗa wani cikin kwana talatin, kuma wanda za a naɗa ya kasance ɗan jam'iyyar wanda ya bar kujerar. Masu naɗin su ne shugabannin jam'iyya na gundumomin da mazaɓar ta ratsa, kowanne da nauyin murya gwargwadon ƙuri'un da gundumarsa ta bayar, ta yadda mutum biyu ko uku, idan gundumominsu manya ne, suna iya gama magana kafin a zauna. Mu da muka saba da hukumar zaɓe ta kira zaɓen cike gurbi idan ɗan majalisar jiha ya rasu ko ya sauka, wannan zai ba mu mamaki, ko da yake masu kare tsarin suna da hujjarsu, cewa yana rage kashe kuɗi, kuma ba ya barin jama'a wata da watanni babu wakili. Ta wannan hanya aka naɗa Alice Palmer, malama kuma 'yar gwagwarmaya, a 1991, sannan ta tsaya zaɓe a 1992 tana bisa kujera.

Almajiran fiƙihu za su tuna cewa Imam Mawardi, a littafinsa Al-Ahkamus Sulɗaniyya, ya ambaci hanyoyi biyu da shugabanci ke ƙulluwa da su: zaɓin ma'abota warwarewa da ƙullawa, da kuma alkawarin wanda ya gabata ga wanda zai gaje shi. Ba ina ƙiyasta kujerar ɗan majalisa da imamanci ba ne, Allah ya kiyaye, amma rabon nasa yana da amfani a nan, domin mun ga hanya ta farko a naɗin Palmer, kuma za mu ga ta biyu a abin da ya auku bayan shekara huɗu, tare da irin fitinar da ke tasowa idan mai alkawari ya so janye alkawarinsa.

A 1995 ɗan majalisar tarayya Mel Reynolds ya sauka bayan kotu ta same shi da laifi, Palmer kuwa ta nemi kujerarsa, ta kuma gabatar wa magoya bayanta wani matashin lauya mai koyarwa a Jami'ar Shikago, Barack Obama, a matsayin wanda take so ya gaje ta. A watan Nuwamba na shekarar ta faɗi zaɓen fid da gwani, Jesse Jackson ƙarami ya yi nasara, sai wasu dattawan al'umma suka matsa mata ta koma ta riƙe kujerarta ta jiha, suka kuma nemi Obama ya janye, shi kuwa ya ƙi. Doka ta ce duk mai son sunansa ya hau takardar zaɓe sai ya kawo sa hannun masu rajista a mazaɓar, a wannan karo mutum 757. Palmer, da yake lokaci ya ƙure mata, ta tattara 1,580 cikin gaggawa. Mutanen Obama suka je ofishin hukumar zaɓe suka bi sunayen ɗaya bayan ɗaya, suna fitar da na waɗanda ba su da rajista, da na waɗanda ba a mazaɓar suke zaune ba, har abin da ya rage bai kai adadin da ake bukata ba, ta janye a watan Janairun 1996. Haka suka yi wa sauran 'yan takara uku, Obama ya shiga zaɓen fid da gwani shi kaɗai. Tun da yake a wannan yanki ɗan jam'iyyar Dimokurat ba ya faɗuwa a babban zaɓe, ranar da aka gama tantance takardun nan ita ce haƙiƙanin ranar zaɓe, abin da aka yi a Nuwamba kuwa, inda ya sami fiye da kashi 80 cikin ɗari, shaida ce kawai aka sa wa abin da ya riga ya tabbata.

A ganina ba a yi adalci ba idan aka kira wannan maguɗi, domin dokar sa hannu doka ce da kowa ya sani, kuma 'yan siyasar Shikago sun daɗe suna yi wa juna wannan aiki. Amma kuma ba a yi adalci ga masu zaɓe ba idan aka ce sun zaɓa, alhali mace da ta wakilce su shekara biyar da namijin da ke neman gadonta ba su taɓa tsayawa gabansu a takarda ɗaya ba. Halal ne a shari'ar zaɓe, sai dai akwai tazara tsakanin abin da ya halatta da abin da ya cika manufar wakilci.

Obama ya hau kujera a Janairun 1997 a lokacin da jam'iyyar Rifablikan ke da rinjaye a majalisar dattawan jihar ƙarƙashin James Philip, kuma wannan rinjaye ma yana da nasa labari. Tsarin mulkin 1970 ya ce idan majalisa da gwamna suka kasa zartar da taswira, a kafa hukuma mai mutum takwas, huɗu daga kowace jam'iyya. Idan su ma suka cije, kotun ƙolin jiha ta ba da sunaye biyu, ɗaya daga kowane ɓangare, sakataren jiha ya zaro ɗaya bisa sa'a ya zama na tara. Waɗanda suka rubuta wannan sharaɗi sun zaci tsoron caca zai tilasta wa ɓangarorin sulhu, sai ga shi kowane ɓangare ya gwammace ya jarraba sa'arsa ya ci duka ko ya rasa duka. Sau uku a jere aka kai ga zaro suna: a 1981 Dimokurat suka dace, a 1991 Rifablikan, a 2001 kuma, da sakataren jiha Jesse White ya sa hannu cikin wata doguwar hula irin ta Abraham Lincoln, sunan Michael Bilandic na Dimokurat ya fito. Ashe ke nan makomar dokokin mutum fiye da miliyan goma sha biyu, na tsawon shekara goma, ta rataya ne ga takardar da yatsu suka fara taɓawa.

Abin da wannan sa'a ta haifar wa mazaɓa ta 13 ya cancanci a tsaya a kansa. A shekarar 2000 Obama ya nemi kujerar majalisar tarayya a hannun Bobby Rush, ya sha mummunan kaye, kusan ƙuri'a biyu ga ɗaya, domin talakawan baƙaƙe na unguwannin ciki ba su gan shi a matsayin nasu ba, suna ganinsa ɗan jami'a ne na Hyde Park. Tsohuwar mazaɓarsa ta jiha ta miƙe ne daga tafki ta yi yamma, ta shiga unguwanni matalauta irin su Englewood. Da jam'iyyarsa ta sami alƙalamin zane a 2001, kamar yadda ɗan jarida Ryan Lizza ya bayyana a mujallar New Yorker a 2008, Obama ya zauna da masanin taswirar jam'iyyar aka juya mazaɓar ta bi gaɓar tafki ta yi arewa, ta haɗiye wani ɓangare na tsakiyar birni har zuwa unguwar attajirai ta Gold Coast. Baƙaƙe sun ci gaba da zama mafi rinjaye a cikinta, wanda dokar kare haƙƙin zaɓe ta tarayya ta 1965 ke sa masu zane su kula da shi, amma ta ƙara farare, ta ƙara masu dukiya, ta ƙara masu ba da gudummawar kuɗin kamfe. A babin wakala malamai sun ce mai wakiltawa yana da ikon sauke wakilinsa. A nan wakilin ne ya sallami wasu daga cikin masu wakilta shi ya ɗauko wasu, kuma mutumin Englewood ya kwana a mazaɓa ta 13 ya tashi a wata, ba tare da ya ƙaura daga ɗakinsa ba.

A zaɓen 2002 Obama bai sami abokin hamayya ba, jam'iyyarsa kuma ta karɓe majalisar, Emil Jones ya zama shugabanta, ya riƙa miƙa masa ƙudurori masu jan hankali. A 2003 ya jagoranci dokar da ta wajabta wa 'yan sanda ɗaukar hoton bidiyo na tambayoyin da suke yi wa wanda ake tuhuma da kisan kai, da wata da ta sa su rubuta launin fatar direbobin da suke tsayarwa. Dalilin dokar farko sananne ne a kudancin Shikago, inda aka daɗe ana zargin wasu jami'ai da azabtar da mutane har su amsa laifin da ba su yi ba, kuma a farkon wannan shekara ce gwamna George Ryan ya sauya hukuncin dukan waɗanda ke jiran kisa a jihar. A Nuwamban 2004 Obama ya ci kujerar majalisar dattawan tarayya ya sauka, shugabannin gundumomi suka sake zama suka naɗa Kwame Raoul, lauya, ɗan baƙin da suka zo daga Haiti. Raoul ya yi shekara goma sha huɗu, kuma shi ya ɗauki nauyin ƙudurin soke hukuncin kisa a majalisar dattawa, wanda gwamna Pat Quinn ya sa wa hannu a Maris na 2011. Da aka zaɓe shi babban lauyan jiha a 2018, sai aka sake naɗi a Janairun 2019, kujera ta faɗa hannun Robert Peters, wanda ya fito daga cikin masu shirya jama'a a unguwanni, kuma ya kasance cikin jagororin dokar da ta soke belin kuɗi, wadda ta fara aiki a Satumban 2023, Ilinoi ta zama jiha ta farko da ta yi haka gaba ɗaya.

To, ga lissafin: cikin mutum huɗu da suka gaji Newhouse, uku naɗa su aka yi, na huɗun ya ci zaɓen fid da gwani ba hamayya. Wani zai ce, tun da 'ya'yan itacen sun yi kyau, me ya kai mu binciken saiwa? Kuma lalle akwai silsila guda da ta ratsa waɗannan mutane, daga ɗaukar hoton tambayoyi, zuwa soke kisa, zuwa soke belin kuɗi, wadda ta dace da damuwar jama'ar da 'ya'yansu suka fi kowa cika gidajen kaso. Amma ni ina danganta wannan ga al'adar unguwar, wato ƙungiyoyin masu zaɓe masu zaman kansu, da coci-coci, da jaridar unguwa, da malaman jami'a masu sa ido, waɗanda suka sa ko masu naɗi ba su iya kawo wanda jama'a za su yi wa tofin Allah tsine. Dokar naɗin kanta ba ta da wannan garkuwa a cikinta, kuma ita ce dai ke aiki a sauran mazaɓun jihar, inda aka sha ganin ɗan majalisa ya sauka ana dab da ƙarshen wa'adi domin a naɗa na hannun damansa, wanda zai shiga zaɓe na gaba da sunan mai riƙe da kujera, da ofis, da ma'aikata, da masu ba da kuɗi a bayansa. Peters ya fuskanci ɗan takara a zaɓen fid da gwani na 2020 ya kuma tsallake, amma ya fuskance shi ne yana da shekara guda a kan kujera.

Game da taswira kuwa, a 2011 da 2021 ba a kai ga hula ba, domin Dimokurat suna riƙe da majalisu biyu da kujerar gwamna, suka zana abin da suka so, mazaɓa ta 13 ta ci gaba da zama doguwa siririya a gefen tafki, daga unguwannin attajirai na arewacin tsakiyar birni har zuwa unguwannin kudu maso gabas, inda babbar masana'antar ƙarfe ta South Works ta rufe a 1992. An yi yunƙurin karɓe alƙalamin daga hannun 'yan majalisa a ba wata hukuma mai zaman kanta, aka tara sa hannun jama'a da yawa domin a kai maganar ga ƙuri'ar raba gardama, amma kotun ƙolin jihar ta hana a 2016, da rinjayen alƙalai huɗu a kan uku, bisa hujjar cewa shawarar ta wuce iyakar abin da tsarin mulki ya yarda jama'a su gyara da kansu. A 2019 kuma kotun ƙolin Amurka, a shari'ar Rucho, ta yanke cewa kotunan tarayya ba su da hurumin sauraron ƙarar shata iyaka don amfanin jam'iyya. Ƙidaya ta gaba a 2030 take, taswirar da za ta biyo ta a 2031, kuma muddin ba a gyara tsarin mulkin jihar kafin nan ba, majalisar ce za ta fara zanawa, idan ta kasa a kafa hukumar mutum takwas, idan ita ma ta cije sakataren jiha ya zaro suna.